Muhammadu Bello, Mai Wurno: Maginin Birni, Masanin Shari'a

Wanda ya tashi daga Sakkwato ya nufi gabas maso arewa, ta wajen Marnona, in ya yi tafiyar kamar mil ashirin sai ya iske Wurno bisa tudu, fadamar Gulbin Rima tana shimfiɗe a ƙarƙashinta. A wannan gari ne kabarin Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya ke, shi ya sa a kan ce da shi Mai Wurno. Labarin yaƙe-yaƙensa ya bazu ko'ina, har yara sun san shi. Amma akwai wani gefe na aikinsa wanda ya fi kusa da aikin hakimi da alƙali da ma'aji, watau yadda ya ke kafa gari a bakin iyaka, ya zuba masa mutane, ya tsayar masa da kasuwa da shari'a, sa'an nan ya zauna ya rubuta hujjar abin da ya aikata. Wannan gefen ne za a bi a nan.

An haifi Bello cikin shekara ta 1781, watau 1195 ta Hijira. Mahaifinsa Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, mahaifiyarsa Hauwa, wadda a ke kira Inna Garka. Ya tashi a Degel cikin gidan da ba a san wata dukiya ba sai littafi. Danginsu Toronkawa kuwa tun kafin jihadi suna warwatse a garuruwan malamai na wannan kwari, Marnona tana cikinsu, ashe ke nan ƙasar da ya zo ya cika da birane daga baya ba baƙuwarsa ba ce. Ya yi karatu wajen mahaifinsa, da wajen wansa Muhammadu Sa'adu, amma wanda ya fi daɗewa a gabansa shi ne baffansa Abdullahi ɗan Fodiyo, wanda ya karantar da shi Larabci da nahawu da fiƙihu bisa mazhabar Imamu Maliku. A riƙe wannan, gama malamin nan da almajirinsa za su zo su saɓa a kan wata mas'ala mai nauyi.

Ba a tsawaita labarin jihadi a nan. An yi hijira zuwa Gudu cikin Fabrairu 1804, Bello yana da shekara ashirin da biyu. Aka yi Tabkin Kwatto cikin Yuni, aka ci nasara. Aka yi Tsuntsuwa a ƙarshen shekarar, malamai da mahaddata masu yawa suka yi shahada. Aka yi Alwasa cikin 1805. Bayan wannan Shehu ya aiki Bello Birnin Gada ya sadu da shugabannin jama'ar gabas, na Katsina da Kano da Daura, ya karanta musu wasiƙar Shehu, ya karɓi mubaya'arsu a madadinsa. Tun daga nan aka gane yaron ba na takobi kaɗai ba ne, ana iya ba shi takarda. Cikin Oktoba 1808 Alƙalawa ta faɗi, aka kashe Sarkin Gobir Yunfa, Bello yana cikin manyan da suka jagoranci rundunar.

Ginin Sakkwato

Cin birni abu ɗaya ne, riƙon ƙasa wani abu ne dabam. Da Alƙalawa ta faɗi jama'a ba su da mazauni tabbatacce a gabas, ga Gobirawa a arewa maso gabas ba su haƙura ba, ga Kabawa a yamma. Cikin 1809 Bello ya zaɓi wani tudu kusa da inda Gulbin Rima da Gulbin Sakkwato su ke haɗuwa, wurin da a lokacin ƙauye ne ƙarami, ya kewaye shi da ganuwa. Zaɓen wurin ya nuna irin idonsa. Tudu ne, ba a zo masa ba a gani ba. Ga ruwa rani da damina. Ga fadama ta noma da kiwon dawaki. Ga shi kuma tsakanin Gobir da Kabi, ya raba su. Shehu ya zauna Sifawa tukuna. Cikin 1812 ya raba aikin ƙasa biyu, ya ba Abdullahi yamma, ya ba Bello gabas, shi kuwa ya koma ga karantarwa. Sai cikin 1815 ya ƙaura zuwa Sakkwato. Watau shekara takwas ke nan, daga 1809 zuwa 1817, Bello yana mai gari a bakin daga, kafin ya zama Sarkin Musulmi: shi ke raba fegi, shi ke zaunar da baƙi, shi ke jin ƙara, shi ke fita in an yi kururuwa.

A cikin waɗannan shekaru ne, cikin 1812, ya gama Infaƙul Maisuri, littafin da har yau ba a iya rubuta tarihin jihadi sai an leƙa shi. Abin lura a cikinsa shi ne muƙabalarsa da Shehu Muhammadu Al'amin Elkanemi na Barno. Elkanemi ya rubuto yana tambaya da wace hujja a ke yaƙar mutanen Barno, alhali Musulmi ne, suna salla suna azumi, saɓo kuwa ba ya fitar da mutum daga Musulunci. Tambaya ce mai kaifi, ba ta da sauƙin amsa. Wani da ya karanta ta sai ya jefa ta wuta, ya rubuta tasa amsa kaɗai. Bello bai yi haka ba. Ya kwafe wasiƙun abokin jayayyarsa cikin littafinsa, sa'an nan ya biyo su da amsa. Wannan al'adar alƙali ce, wanda ba ya yanke hukunci sai an rubuta maganar mai ƙara da ta wanda a ke ƙara. Da ba domin haka ba, da yawancin abin da Elkanemi ya faɗa ya ɓace.

Shehu ya rasu ran 20 ga Afrilu 1817, aka yi wa Bello mubaya'a a Sakkwato. Abdullahi ya taso daga yamma, ya iske an rufe ƙofar birni, ya juya. Tsakanin baffa da ɗa aka yi shekaru ba a shiri.

Shari'ar Abdussalami

Bello bai gama zama ba sai tawaye ya tashi ta ko'ina, Zamfara da Gobir da Kabi. Amma wanda ya fi ciwo shi ne na cikin gida. Malam Abdussalami Ba'are ne, ba Bafillace ba, yana kuwa cikin almajiran Shehu na fari. Garinsa Gimbana ne rundunar Gobir ta ci cikin 1803, kwance mutanensa da aka yi sa'ad da a ke wucewa da su ɗaure kusa da Degel shi ne ya hura wutar jihadi. Mutum ne mai haƙƙi, ba mai musun wannan. Da aka yi rabon ƙasa ya ga abin da aka ba shi bai kai wahalarsa ba. Aka zaunar da shi Kware, arewa da Sakkwato kaɗan, aka yardar masa ya yi ganuwa. Da Shehu ya rasu sai Kware ta zama matattarar masu jin haushi, yana ciniki da waɗanda a ke yaƙi da su, yana ba su mafaka.

Bello bai fara da takobi ba, da alƙalami ya fara. Wasiƙu suka yi ta kai da kawowa tsakanin Sakkwato da Kware. Abdussalami ya kawo ƙararsa a fili: zalunci ya yi yawa cikin jama'a, ana cin dukiyar mutane, manyan Filani sun raba ƙasa a tsakaninsu, har ya zana yadda aka yi rabon domin a ga inda aka bar shi. Matsayin Bello kuwa shi ne, kome laifin masu mulki, ba ya halatta wa Musulmi ya haɗa kai da abokan gaba a kan jama'ar da ya yi wa mubaya'a, wanda kuwa ya yi haka hukuncinsa hukuncin wanda ya yi ridda. Da magana ta ƙi ƙarewa aka kewaye Kware, ta faɗi a farkon 1818. Abdussalami ya fita da rauni, ya rasu a Bakura.

A nan ne Abdullahi ya saɓa wa almajirinsa. Shi a ganinsa taimakon kafiri a kan Musulmi babban saɓo ne, amma shi kaɗai ba ya mai da mutum kafiri. Kada mai karatu ya ɗauka gardamar malamai ce kurum ta cikin zaure. Bambancin ɗan tawaye da mai ridda a fiƙihu shi ne bambancin abin da za a yi da ransa da dukiyarsa da iyalinsa bayan an ci shi. Ɗan tawaye in ya ajiye makami an gama da shi, ba a taɓa dukiyarsa. In an ce ridda ce, hukunci ya sake. Rayukan mutane masu yawa suna rataye a kan wannan kalma guda. Mai duba al'amarin da idon basira zai ga hujjar Abdullahi ta fi taushi, ta kuma fi kusa da abin da Elkanemi ya faɗa tun da fari. Hujjar Bello kuwa hujjar mai riƙon gari ce wanda ya ga wuta ta kama shingen gidansa. Ko wanne aka bi, abu ɗaya ba ya ɓoyuwa. Duk abin da aka sani na ƙarar Abdussalami, daga alƙalamin Bello aka san shi, gama ya tattara wasiƙun duka cikin littafinsa Sardul Kalami, bai share zargin da aka yi wa mulkinsa ba. An juya wannan littafi da Hausa cikin Labarun Hausawa da Maƙwabtansu, wanda aka buga a farkon shekarun 1930.

Sauran mutanen Abdussalami suka taru a Kalambaina, suka matsa wa Gwandu. Wajen 1820 Bello ya ɗauki runduna ya tafi taimakon baffansa, aka ci garin. Masu ba da labari sun ce da suka haɗu Bello ya yi niyyar sauka daga doki domin girmama malaminsa, Abdullahi ya hana shi, shi ya gaishe shi da sunan Sarkin Musulmi. Rashin shirin ya ƙare a nan, ko da ya ke kowa ya riƙe fatawarsa.

Baƙo daga Ingila

Cikin Maris 1824 wani Bature, Kyaftin Clapperton, wanda a ke kira Abdullahi, ya iso Sakkwato ta hanyar Tarabulus da Barno da Kano, ya sauka hannun Waziri Giɗaɗo ɗan Laima. Abin da ya rubuta shi ne shaidar baƙo a kan aikin shekara goma sha biyar. Ya ce bai ga gari mai yawan jama'a kamarsa ba cikin ƙasashen da ya ratsa; ganuwa mai tsawon ƙafa ashirin zuwa talatin, da ƙofa goma sha biyu, ana rufe su da faɗuwar rana; gidaje a jere bisa tituna, da masallatai biyu manya, da kasuwa mai ci kullum. Wannan kuwa wurin da cikin 1808 ƙauye ne. Ya yi mamakin tambayoyin Sarki, gama ya tambaye shi rarrabuwar ɗariƙun Nasara, ya duba kayan awon taurari ya ambaci sunayensu da Larabci. Bello ya rubuta wa Sarkin Ingila Joji na Huɗu wasiƙa a kan ciniki, da aiko wakili da likita, da batun hana fitar da bayi ta bakin teku.

Zuwansa na biyu, cikin 1826, bai yi daɗi ba. Ya kawo wa Bello littattafan Larabci, har da na Uƙlidisu na ilmin awo, gama nasa ya ƙone a gobara. Amma ya zo da wasiƙa da kyauta zuwa ga Elkanemi, har da makamai, ga shi kuwa a lokacin Barno ta ɗaura yaƙi ta nufo Kano. Bello ya hana shi wucewa, ya sa aka karɓe kayan. Clapperton ya ji zafi ƙwarai, ya ɗauka cin amana ne. Amma wace hukuma ce a duniya, har da ta Ingila, za ta bar baƙo ya ratsa ƙasarta da makami zuwa ga wanda ke yaƙarta? Sarkin Bauchi Yakubu ya tare rundunar Barno ya mai da ita cikin 1827. Clapperton kuwa ciwo ya kama shi, ya rasu a Sakkwato cikin Afrilu na wannan shekara, baransa Richard Lander ya binne shi.

Ribaɗi

Clapperton ya ga abu biyu da idonsa cikin 1826 waɗanda ke bayyana dalilin Wurno. Ya ga rundunar Sarkin Musulmi, da sarakunan gabas a cikinta, ta kewaye Konya ta Gobirawa ta kasa cinta. Ya kuma iske Bello a Magariya, gabas da Sakkwato, yana tara mutanen ƙauyuka wuri ɗaya yana mai da shi gari. Bello ya riga ya gane yaƙin rani ba ya ƙare kome. A tara runduna bayan kaka, a tafi, a dawo kafin shuka. Da an juya baya mahara su biyo sawu, su kore shanu, su kama manoma a gona. Maganin mahari ba runduna ba ce mai zuwa shekara shekara, mutum ne zaunanne wanda gonarsa da 'ya'yansa ke wurin.

Ya sami asalin wannan cikin littattafan fiƙihu, inda a ke kiran zaman tsaron iyakar Musulmi ribaɗi, a ke kuma lissafa shi cikin manyan ayyukan lada. Ya rubuta littafi a kai, Arribaɗu wal Hirasa. Da wannan ya mai da zaman bakin daga ibada, ba horo ba, har ɗan sarki ba ya jin an yar da shi in an tura shi can. Ya kuwa fara da kansa. Magariya fadama ce mai sauro da zazzaɓi, sai wajen 1828 ya hau tudun Wurno ya yi mata ganuwa, ya mai da ita mazauninsa. Sakkwato tana nan a matsayin babban birni, da kabarin Shehu da manyan malamai, amma Sarki da kansa yana gaba, tsakaninta da Gobir. Sa'an nan ya jera 'ya'yansa da 'yan'uwansa a garuruwan da ke tsare kwarin. Ɗansa Aliyu ya riƙe Shinaka, a ƙasar Goronyo. Ɗansa Fodiyo ya riƙe Lajinge. Raba kuwa, a bakin Gulbin Sakkwato, ta zama gidan ɗansa Abubakar Atiku, wanda a ke kira Atiku na Raba.

Ganuwa ba ta tsare kanta, sai da mutane, mutane kuwa ba su zama sai da abinci da sana'a. A nan ne wahalar aikin ta ke. Yawancin waɗanda suka yi jihadi makiyaya ne, ba su saba da zama wuri ɗaya ba, saniya kuwa ba ta san ganuwa ba. Bello ya yi ta jan Filanin daji, da Sulluɓawa na wannan yanki, su zauna cikin garuruwa, su rage garken shanu, su ƙara kiwon dawaki da raƙuma da tumaki da awaki, gama doki da raƙumi su ne kayan tsaron iyaka, ƙananan dabbobi kuwa ba su bukatar tafiya mai nisa. Ya sa a ba kowane sabon gari limami da malamin da zai karantar da yara, da mai hukunci. Irin wannan shawara ce ya rubuta wa Muhammadu Jailani, malamin Buzaye na Adar, sa'ad da ya tambaye shi yadda za a yi da mutanen da ba su da mazauni. Ra'ayinsa shi ne shari'a ba ta tsayuwa sosai sai a cikin gari, inda a ke jam'i, a ke sanin maƙwabci, a ke samun shaida. Ba a kuwa ɓoye cewa da yawa cikin waɗanda suka cika waɗannan garuruwa, suka nome gandayensu, bayi ne da aka kamo wurin yaƙi. Haka zamanin ya ke, ganuwar Wurno ba hannun 'ya'ya kaɗai ya ɗaga ta ba.

Wanda ke son ya san abin da Bello ya ɗauka aikin mai gari ne, sai ya duba Usulus Siyasa, wanda ya rubuta wa Sarkin Katsina Ummarun Dallaje. Asali bakwai ya kafa a ciki. Ana tsammanin malami irinsa zai tsaya ga tsoron Allah da kusantar malamai da sassauci ga talakawa, ya kuwa faɗe su. Amma sai ga shi ya sauko har ƙasa, yana lissafa manoma da maƙera da maɗinka da marina da mahauta da masassaƙa da masu magani, yana cewa wajibin sarki ne ya kula da su, ya raba su cikin garuruwa gwargwadon bukatar kowane gari, ya sa a tanadi abinci, a gina ganuwa da gadoji, a gyara kasuwanni da hanyoyi. Wanda ya taɓa riƙe littafin gunduma zai ga kusan babu wani babi na aikinsa da ba a ambata a nan ba, shekaru kusan ɗari kafin a kafa baitulmalin En'e. Haka kuma ya rubuta wa Yakubun Bauchi amsoshin tambayoyinsa na mulki. Ya yi rubutu har a kan magani, da ciwon ido da basir. Littattafansa sun haura ɗari.

A kan alƙalai da dukiyar jama'a akwai shaidar Alhaji Sa'idu, wanda ya zauna Sakkwato a zamaninsa cikin jama'ar Alhaji Umaru Futi, ya kuma rubuta tarihin sarakunan farko. Ya ce Bello ya kan bi hukuncin alƙalai ya duba, in ya ga son zuciya ya shiga sai ya warware shi. Ya ce kuma ba ya ci daga baitulmali, daga abin da hannunsa ya samo ya ke ciyar da kansa. Waziri Giɗaɗo ma ya rubuta littafi a kan halayensa, Alkashfu wal Bayan, ƙanwarsa Nana Asma'u, matar Giɗaɗo, ta yi masa marsiyya. Gaskiya ne waɗannan duka masoyansa ne, masoyi kuwa ba ya ganin aibi. Amma abin da suka zaɓa su yaba shi ne abin dubawa. Ba yawan bayi ko girman fada suka ƙirga ba, duba hukunci da kame hannu suka ƙirga, wannan ya nuna ma'aunin da mutanen lokacin ke auna mai mulki da shi.

Gawakuke da bayanta

Sarkin Gobir Ali ya yi amana da Sakkwato, aka zauna lafiya 'yan shekaru. An ce mutanensa ne suka aika masa da wuƙaƙen fawa, watau ya zama mahaucin Filani, kunya ta sa ya warware amana. Ya haɗa kai da Rauda, Sarkin Katsina na Maraɗi, da Ibra shugaban wasu Buzaye. Cikin 1836 Bello, yana da shekara hamsin da huɗu, ya fita da kansa cikin tsananin rani, ya bi su. Aka haɗu a Gawakuke. Aka kashe Ali da Rauda, Ibra ya tsere. Ita ce babbar nasararsa ta ƙarshe, amma ba ta kashe wutar ba, gama Gobirawan da suka tsira sun kafa Tsibiri kusa da Maraɗi, daga can suka ci gaba da kai hari shekaru da yawa. Ashe ganuwar ta fi nasarar daɗewa.

Ya komo Wurno, ciwo ya kama shi, ya yi watanni yana jinya. A nan ya yi hukuncinsa na ƙarshe, a kan gidansa. Yana da 'ya'ya manya, Aliyu yana riƙe da gari da mayaƙa, ba abin da zai hana shi ya ce ga magajina. Ya ƙi. Ya gargaɗi Aliyu kada ya nemi abin da ba a ba shi ba, ya bar zaɓe a hannun Waziri Giɗaɗo da manyan jama'a. Ya rasu ran 25 ga Rajab 1253, watau ƙarshen Oktoba 1837, bayan shekara ashirin yana Sarkin Musulmi, aka binne shi a Wurno, Allah ya jiƙansa. Masu zaɓe suka tsallake 'ya'yansa suka naɗa ɗan'uwansa Abubakar Atiku. Sai da Atiku ya rasu cikin 1842 sa'an nan sarauta ta zo wa Aliyu Babba.

Aliyu ya zauna Wurno kamar mahaifinsa. A zamaninsa ne, cikin 1853, Bature Barth, wanda a ke kira Abdulkarimu, ya sauka garin ya yi makonni, ya sadu da malamai irin su Abdulƙadir ɗan Tafa, ya kuma ga yadda tsoron harin Gobirawa bai rabu da kwarin ba. Atiku na Raba ya yi sarauta daga 1873 zuwa 1877, ƙanensa Mu'azu ya gaje shi har 1881. Daga Atiku na Raba ne Ahmadu Bello ya fito, wanda ya zama hakimin Raba cikin 1934, Sardauna cikin 1938, Firimiyan Jihar Arewa cikin 1954. Daga Mu'azu kuwa Sarkin Musulmi Abubakar na Uku, wanda ya yi shekara hamsin bisa gado, daga 1938 zuwa 1988. Umaru ɗan Aliyu, wanda ya yi sarauta daga 1881 zuwa 1891, a Wurno ya karɓi Joseph Thomson, wakilin kamfanin Turawan Ingila, cikin 1885. Sarkin Musulmi Abdurrahman shi ne na ƙarshe da ya zauna can, ya rasu cikin Oktoba 1902. Bayan wata biyar, ran 15 ga Maris 1903, rundunar Turawa ta shiga Sakkwato. Aka ja iyaka tsakanin Ingilishi da Faransai, Tsibiri da Maraɗi suka faɗa wancan gefe, hari ya ƙare. Sarkin Musulmi ya tabbata a Sakkwato, Wurno kuwa ta zama gunduma cikin gundumomin En'en Sakkwato, hakiminta yana da sarautar Sarkin Sudan.